Wa Ke Ajiye Mana Fim?

Jama'a masu saurare, na cikin Katsina birnin Dikko da na ƙauyukan kewaye, har da 'yan'uwanmu na tsallaken Jibiya, mutanen Ɗan Isa da Maraɗi, barkanmu da sake haɗuwa a filinmu na sharhi.

Yau maganar sana'a za mu yi, amma irin wadda ba a jin yaro ya ce ita zai yi in ya girma. Ka tare ɗan sakandare a Ƙofar Ƙaura ka tambaye shi burinsa, zai ce maka likita, ko soja, ko lauya. In ya cika ƙarfin hali ya ce jarumin fim, sai dai kada tsohuwarsa ta ji. To akwai wani aiki a bayan fim ɗin, wanda ba a ganin mai yinsa a jikin fosta. Shi ne aikin mutumin da zai zauna ya kalli fim da idon ɗalibi, ya yi rubutu a kansa a jarida, kuma ya bi sawunsa ya nemo shi ya adana a gidan tarihi don kada ya salwanta. A wasu ƙasashe mutum ɗaya kan haɗa duka, ya ƙare rayuwarsa a kai, ya ci abinci, ya yi suna. Mu a nan mun samu masu nazari, mun samu masu rubutu. Mai ajiya ne ya yi mana ƙaranci, kuma nasa aikin ne wanda in lokaci ya wuce ba ya ramuwa.

Mu fara daga gida. Duk Bakatsine ya san tsohon ginin nan na ƙasa da ke Rafukka, wato tsohuwar Kwalejin Katsina, wadda Gwamna Hugh Clifford ya buɗe a 1922. A 1959 aka sa ginin cikin jerin wuraren tarihi na ƙasa, yau kuma shi ne gidan tarihinmu, a hannun hukumar tarayya mai kula da gidajen tarihi. In ana maganar wannan makaranta, abin da aka fi tunawa shi ne 'yan siyasar da ta yaye, su Sardauna Ahmadu Bello da Abubakar Tafawa Ɓalewa. Ba a cika tunawa da cewa a nan aka reni ƙagaggen labarin Hausa na boko ba. Lokacin da Rupert East ya shirya gasar rubutu a 1933, littattafai biyar suka yi fice, uku daga ciki kuwa cibiyarsu a wannan gini aka binne ta. Malam Bello Kagara, mai Ganɗoki, malami ne a kwalejin. Ƙanensa Abubakar Imam, mai Ruwan Bagaja, ɗalibinta ne. Tafawa Ɓalewa, mai Shaihu Umar, shi ma a nan ya yi karatu.

Shaihu Umar ɗin nan shi za mu ɗan tsaya a kansa. A 1976 marigayi Adamu Halilu ya mayar da littafin fim, da kuɗin gwamnatin tarayya, a kan zaren fim na silima, da Hausa tsantsa. Umaru Ladan ne ya fito a matsayin Shaihun. Fim ne mai tsawon fiye da awa biyu, da raƙuma da ayari da sahara, da uwa mai bin sawun ɗanta da bauta ta raba su. Ba ƙaramin aiki ba ne, kuma an yi shi ne shekara goma sha huɗu kafin a fara fim ɗin kaset a Kano. Sai me ya faru? Fim ɗin ya ɓace. An yi shekaru ana jin sunansa a bakin malamai, ana rubuta shi a jarrabawa, amma ka nemi wanda zai nuna maka shi ka rasa. Yaran da suka karanta littafin a makaranta da yawansu ba su ma san an taɓa yin fim ɗinsa ba.

Wanda ya tono maganar ba minista ba ne, ba attajiri ba ne. Wani mai sharhin fina-finai ne a Legas, Didi Cheeka, ya shiga tsofaffin ɗakunan sashen fim na zamanin Turawan mulki, ya tarar da gwangwanayen fim jibge, sun yi tsatsa, ƙura ta rufe su. Bai yi shiru ba. Ya yi rubutu, ya yi magana, ya nemi masu taimako. A 2016 aka tabbatar da cewa asalin zaren Shaihu Umar yana nan cikin kayan Hukumar Fina-finai ta Najeriya. Wata cibiya ta Berlin mai suna Arsenal ta karɓi aikin gyaransa, aka wanke, aka ɗauke shi hoto bayan hoto zuwa kwamfuta, aka gyara launi da sauti. A 2018 aka haska shi a babban bikin fina-finai na Berlin. Jamusawa suka cika zaure suna kallon labarin da ɗalibin Rafukka ya rubuta.

Abin farin ciki ne, ba musu. Amma ni dai in na tuna, sai in ji wani abu ya tsaya mini a wuya. Da mutumin nan bai leƙa ɗakin nan ba fa? Da an ƙara shekara goma? Domin zaren fim ba ya jiran kowa. In zafi da danshi suka haɗu masa, sai ya fara fitar da wani wari mai tsami, ya motse, ya lanƙwashe, daga baya ya manne da juna har ba ya warwaruwa. Kuma gwangwani ɗaya in ya kamu, tururin da yake fitarwa yana gaggauta lalacewar na kusa da shi. Wanda ya san aikin, da hancinsa yake fara gane ɗakin da ake asara.

Wani zai ce ai wannan maganar zamanin da ce, fina-finan zare nawa ma muka yi? Gaskiya ne, ba su da yawa. Akwai Kanta na Kabi, shi ma na Adamu Halilu. Akwai Ruwan Bagaja da Ramalan Nuhu ya yi a ƙarshen shekarun 1980, da Ƙasarmu Ce na Saddiq Ɓalewa, da Kulɓa Na Ɓarna, wasan da namu Umaru Ɗanjuma Katsina, wato Kasagi, ya rubuta, Brendan Shehu ya mayar da shi fim a farkon shekarun 1990. Ana iya ƙirga su da yatsu. Babbar asarar da ke tafe ba a nan take ba, tana cikin kaset.

Tun daga 1990 da ƙungiyar Tumbin Giwa ta fitar da Turmin Danya a Kano, aka buɗe ƙofar da ba a sake rufewa ba. Gimbiya Fatima, In Da So Da Ƙauna, Ki Yarda Da Ni, Sangaya, Wasila, da dubbai a bayansu. Wanda ya yi wayo a lokacin ya tuna shagon haya na unguwarsu, da yaron da ake aika ya karɓo kaset bayan la'asar, da yadda ake cika ɗakin amarya ana kallo har a ɗauke wuta. Ina waɗannan kasusuwan suke yau? Furodusa yakan kai asalin kaset ɗinsa wurin 'yan kasuwa a Ƙofar Wambai ko Bata, a buga, a sayar, ya karɓi abin da ya samu ya shiga sabon fim. Wani ma kan asalin kaset ɗin yake sake ɗaukar wani aikin don tsimin kuɗi. Ba wanda ya yi tunanin abin nan tarihi ne, kowa ciniki yake gani. Mun yi noma mai yawa, ba mu gina rumbu ba.

Kaset kuma ya fi zaren fim rauni. Hoton da ke cikinsa ba a ganinsa da ido, wani garin ƙarfe ne aka shafa a kan leda, kuma da shekaru suka tura sai ya riƙa kakkaɓewa. Damina ta sa masa fumfuna, hunturu ya cusa masa ƙura, zafin watan Afrilu irin namu na Katsina, da kan haura digiri 40, ya gasa shi a cikin akwati ƙarƙashin rufin kwano. Ko ka same shi lafiya, da me za ka kunna? Kamfanin Funai na Japan, wanda shi ne na ƙarshe mai ƙera na'urar bidiyo ta kaset, ya daina a 2016. Masu gyaranta a kasuwa sun koma gyaran waya. Faifan CD da ya gaje shi bai fi shi ba, don arha aka riƙa sayowa, bayansa ya ɓare, ya tsaya a tsakiyar waƙa.

Matasa za su ce yanzu ai an huta, komai yana YouTube. Izzar So na Lawan Ahmad yana tashar Bakori TV, Labarina yana nan, Daɗin Kowa da Kwana Casa'in na Arewa24 suna nan. Haka ne, yau suna nan. Amma YouTube kasuwa ce ta wani kamfani a Amurka, bai yi wa kowa alkawarin ajiya ba. Tasha takan rufe saboda rigimar haƙƙin mallaka, ko a sace ta, ko mai ita ya rasu ba wanda ya san lambar sirrinsa. Kuma tsofaffin fina-finan da wasu bayin Allah suka ɗora, sau da yawa an yanke farkonsu da ƙarshensu, inda sunayen ma'aikata suke, an lafta tambarin tasha a tsakiyar fuskar jarumi. Ka ga fim ba shekara, ba sunan darakta, ba sunan wanda ya rubuta.

A nan ne ɗan jarida yake shigowa, kuma a nan Katsina take da abin faɗa. A ƙarshen shekarun 1990 mujallun fim suka fara fitowa. Tauraruwa ta Sunusi Shehu a Kano, wadda a cikinta aka fara kiran masana'antar Kannywood a 1999. Sai mujallar Fim, da ta fara fita a watan Maris na 1999 daga Kaduna. Wanda ya kafa ta, Malam Ibrahim Sheme, ɗan jihar nan ne daga yankin Faskari. Ya karanci aikin jarida a Jami'ar Bayero, ya ƙaro karatu a Birtaniya, ya yi editan manyan jaridun Turanci irin su Leadership da Blueprint, amma bai ga ƙasƙanci ba ne ya zauna ya riƙa bin labarin 'yan wasan Hausa wata bayan wata. Mujallu da dama sun taso sun kwanta, Fim ta yi ta fita shekara da shekaru.

A lokacin, mutane da yawa kallon takardar gulma suke wa irin waɗannan mujallu. Wa ya auri wa, wa ya saki wa, wa ya yi faɗa da wa a wurin ɗaukar fim. Ba za a ce babu wannan a ciki ba. To amma je ka tambayi duk mai rubuta digiri a kan fim ɗin Hausa yau inda yake samun ranar da abu ya faru. In kana son sanin yadda 'yan fim suka ji da kafa Hukumar Tace Fina-finai ta Kano a 2001, ko nawa ake sayar da kaset a shekarar Sangaya, ko abin da Balaraba Muhammad ta faɗa da bakinta kafin rasuwarta a 2003, ko Ahmad S. Nuhu, ko Hauwa Ali Dodo, ko Rabilu Musa Ibro, ba inda za ka dosa sai tsofaffin mujallun nan. Masu maganar sun riga mu gidan gaskiya, Allah Ya jiƙansu, abin da aka buga ne ya rage. Shi dai Malam Ibrahim Sheme ɗin, da shi da abokan aikinsa uku, ciki har da Dokta Aliyu Ibrahim Ƙanƙara, su ne suka fitar da littafin tarihin Alhaji Mamman Shata a 2006, bayan sun zauna da shi tun yana raye. Shata ya rasu a watan Yunin 1999. Da sun ce sai an samu sarari, da yanzu sai dai a yi ta ƙila-wa-ƙala a majalisa.

Sai dai in faɗi wata magana da ba za ta yi wa wasu ƙannena daɗi ba. Abin da ake kira jaridar fim yau a Facebook da TikTok, mafi yawansa ba jarida ba ce, roƙo ne da tsegumi. A ɗauko hoton jaruma a rubuta ta yi sabuwar mota, a jira a ga yawan masu dannawa. Sharhin fim aiki ne daban. Sai ka kalli fim ɗin tun daga farko har ƙarshe, wani lokaci sau biyu, ka san wanda ya rubuta, ka gane inda aka kwaso labarin, na Indiya ne aka sa wa hula ko daga littafin Hausa aka ɗauko, sannan ka faɗa wa mai karatu abin da ya yi kyau da abin da ya gurgunce, da hujja. Wahalar ita ce masana'antar ƙarama ce, kowa ya san kowa. Wanda ka soki fim ɗinsa yau, gobe za ku haɗu a ɗaurin aure. Kuma in furodusa ne ya biya maka kuɗin mota da na masauki zuwa wurin ɗaukar fim, alƙalaminka ya riga ya karkace tun kafin ka buɗe shi. Wanda bai iya jure fushin mutane ba, ya nemi wata sana'ar.

Ta fannin nazari kuwa, an yi nisa fiye da yadda mutane suke zato. Farfesa Abdalla Uba Adamu na Jami'ar Bayero, asalinsa farfesan ilimin koyar da kimiyya ne, sai ya tsunduma cikin nazarin littattafan soyayya da fim da waƙa har ya sake zama farfesa karo na biyu a wannan fanni a 2012. A 2003 shi da abokansa suka shirya taron ƙasa da ƙasa a Kano a kan fim ɗin Hausa, a lokacin da wasu malaman jami'a suke ganin zubar da girma ne a ambaci Ibro a zauren lacca. Takardun taron suka zama littafi a 2004. Wani Bature, Brian Larkin, ya zauna a Kano ya rubuta littafi a kan majigi da gidajen silima da rediyo, ya fito a 2008, ana karanta shi a jami'o'in duniya. Tun 2019 kuma Jami'ar Jos, da haɗin gwiwar Hukumar Fina-finai da wata jami'a ta Frankfurt a Jamus, take ba da digiri na biyu a kan al'adun fim da adana shi. Wato dai abin da nake magana a kai yana da aji, yana da malamai, yana da takardar shaida, kuma Jos ba bangon duniya ba ce.

Amma ku lura, kusan duk wannan nazari Kano ya kalla. Ba laifinsu ba ne, can kasuwar take. Namu na nan fa? Muna da Jami'ar Umaru Musa 'Yar'aduwa, da Al-Qalam, da ta Tarayya a Dutsin-ma, da Kwalejin Hassan Usman. Duk shekara ɗalibai suna neman abin da za su rubuta a kai, su ƙare da maimaita abin da na gabansu suka rubuta a kan tasirin fim ga tarbiyya, a raba takardar tambayoyi, a ƙirga masu eh da masu a'a. Alhali ga dattawa nan a cikin gari da suka ga majigi da idonsu, lokacin da motar gwamnati take zuwa ƙofar fada ko filin kasuwa da magariba, a kafa farin ƙyalle, a nuna Baban Larai ana koya wa manoma aikin auduga, mai fassara yana tsaye da lasifika yana ƙara gishirinsa. Akwai waɗanda suka yi aikin haska fim a gidajen silima na garin nan da na Funtuwa, da masu sayar da tikiti, da masu yawo da allon talla a gari, da waɗanda suka haddace waƙoƙin Indiya ba su san kalma ɗaya ta Indiyanci ba. Akwai 'yan wasan daɓe da na rediyo da talabijin da suka yi tashe bayan an ƙirƙiro jiha a 1987. Waɗannan mutane yawancinsu sun haura sittin, wasu saba'in. Wayar da ke aljihun ɗalibi ta isa ta ɗauki muryarsu. Abin da ake bukata shi ne ya je da ladabi, ya gaida baba, ya zauna a ƙasa, ya yi tambaya ya yi shiru.

Na san akwai mai saurare da tun ɗazu yake cewa a ransa, Malam, duk matsalolin da ke damunmu, tsaro da yunwa da makarantu, sai ka zo mana da maganar adana rawa da waƙa? Wani ma zai ce abin da malamai suka yi ta wa'azi a kansa, shi za a kai gidan tarihi a karrama? Tambaya ce mai nauyi, ba zan yi mata dariya ba. Amsata ita ce gidan tarihi ba wurin yabo ba ne, wurin shaida ne. Kayan da aka tono a kaburburan Durɓi ta Kusheyi, can ƙasar Mani, a 1992, zinariya da hauren giwa da tagulla, na mutanen da aka binne ba bisa tsarin Musulunci ba ne. Ba wanda ya ce don an adana su an koma addininsu. An adana ne don mu san su wane ne suka riga mu zama a wannan ƙasa, da wa suka yi ciniki. Fim ma haka. Ko wanda aka yi shi da shirme, ya ɗauki abin da mai yinsa bai yi niyya ba: ɗinkin da mata suke yayi a shekarar, kwanukan jeren ɗaki, irin babur ɗin da ke kan titi, yadda ake gaisuwa, karin harshen da matasa suka fara sakewa, unguwar da yanzu an rushe an yi titi. Malamin da yake son ya nuna yadda tarbiyya ta canja, shi ma sai ya samu fim ɗin kafin ya kafa hujja.

Kuma kayan Durɓi ɗin nan sai da aka kai su birnin Mainz na Jamus kafin a gyara su. Shaihu Umar ma Jamus. Mun gode musu, amma har yaushe?

To mene ne aikin mai kula da gidan tarihi, in an cire rigar? Mafi yawansa rajista ne. Abu ya shigo, ka ba shi lamba, ka rubuta wanda ya kawo, yaushe, kyauta ce ko aro, a wane hali yake. In fim ne, ka ƙara da shekararsa, da masu aikinsa, da wanda yake da haƙƙinsa, domin mai fim ba zai ba ka asalin kayansa ba sai ya tabbata ba za a wayi gari a ga ana sayarwa a bakin tasha ba. Ka sami ɗaki mai sanyi marar danshi, ka ɗaga kaya daga ƙasa saboda gara da ruwa. Ka mayar da kaset cikin kwamfuta, ka yi kwafi fiye da ɗaya, kada kuma ka tara su a gini ɗaya. Bayan 'yan shekaru ka sake kwafewa, don ma'ajiyar kwamfuta ita ma tana mutuwa ba sallama. Sannan ga rubuta takardar neman kuɗi, da bin fayil ofis-ofis, da lallashin manya su gane cewa man janareto na ɗakin ajiya ba almubazzaranci ba ne. Ba aikin mai son a gan shi ba ne.

Waɗanda suka yi suna a wannan fanni, yawancinsu daga kallo da rubutu suka faro. Iris Barry 'yar jarida ce mai sharhin fim a Landan, ita ce a 1935 ta fara tara fina-finai a babban gidan adana zane-zanen zamani na birnin Niyok, a lokacin da kamfanonin Amurka da kansu suke ƙona tsofaffin fina-finansu ko su narkar da su. Duk da haka, binciken da ɗakin karatu na majalisar dokokin Amurka ya fitar a 2013 ya nuna kashi 70 cikin ɗari na manyan fina-finansu na zamanin da ba sauti sun tafi har abada. Ku masoya fim ɗin Indiya, ga taku. Alam Ara, fim ɗinsu na farko mai magana, na 1931, babu kwafinsa ko ɗaya a duniya. Abin da ya tsira daga tsofaffin fina-finansu, kaso mai yawa albarkacin wani mutum ne, P. K. Nair, wanda ya shiga ma'ajiyar fina-finai ta birnin Pune a 1965, jim kaɗan bayan kafuwarta a 1964, ya yi ta bin gidajen magada da rumbunan 'yan gwangwan yana ceto abin da ya samu. Kusa da mu kuma, Wagadugu ta kafa ma'ajiyar fina-finan Afirka a 1989, sai ambaliyar ranar 1 ga Satumba 2009 ta shiga ginin ta jiƙa kaya masu yawa. Wanda zai zaɓi ɗakin ajiya, ya fara tambayar inda ruwa yake bi.

A Katsina ba sai an jira ginin biliyoyi ba. Ɗaki ɗaya a harabar gidan tarihi na Rafukka, ko a Hukumar Tarihi da Al'adu ta jiha, ko a ɗakin karatun ɗaya daga jami'o'inmu, da sola, da na'urar bidiyo biyu masu lafiya, da kwamfuta, da ma'aikaci ɗaya da aka tura Jos ya koyo, ya isa a fara. A fara da abin da yake namu: cikakken jerin mujallar Fim da sauran mujallu, da hotunan hawan sallah da na wasan folo da ke gidajen talabijin, da wasannin Shata da aka ɗauka a bidiyo, da fina-finan da 'yan jihar nan suka yi. A nemi izini daga Hukumar Fina-finai a kawo Shaihu Umar da aka gyara, a haska shi a tsakar gidan kwalejin, a gayyato 'yan makaranta da suke karanta littafin.

Batun abinci kuwa, kada in yaudari kowa. Ma'aikacin gidan tarihi albashin gwamnati yake ci, kun san yadda yake. Mai sharhin fim da wuya rubutu kaɗai ya riƙe shi. Shi ya sa masu yin abin suke haɗawa, koyarwa a nan, rubutu a can, fassara, shirya biki, aikin bincike da cibiyoyin waje suke biya. Wanda ya iya Hausa sosai, ya iya Turanci, ya san fim, kuma ya san aikin ajiya, irinsa ba su da yawa a duniya baki ɗaya, masu nemansa kuwa suna ƙaruwa. 'Yan mata ma ina ba su shawara su duba, don akwai ɗakunan da namiji ba zai shiga ya yi hira da tsohuwar jaruma da ta yi aure ba, kuma akwatunan kaset ɗin da suka rage, da yawansu a ɗakunan iyayenmu mata suke.

Ke Hajiya da kike da irin wannan akwati, da kai Alhaji da ka taɓa riƙe shagon haya, don Allah kada a ba yara su warware zaren su yi wasa, kada a zubar don an yi sabon fenti. A fitar da su daga inda rana take bugu, a jera su a tsaye, a bar su cikin kwalayensu, domin kwalin ma da hotonsa da sunayen da ke bayansa abin nema ne. Wanda ya yi fumfuna a ware shi gefe, kada a sa shi a na'ura. In an tuna shekarar da aka saya, a rubuta a takarda a saka a ciki. Haka tsofaffin mujallu da fosta da kalanda.

Lokacinmu ya cika. Mai son ya tofa albarkacin bakinsa, ko yana da tsohon kaset da yake son a san da shi, ƙofar wannan fili a buɗe take. Sai Allah Ya kai mu mako mai zuwa.